Mai Magana Yana Kurkuku, Mai Take Hukunci Yana Ofis

A shekarar 2022 kaɗai kotunan ƙasar nan sun kama wasu sanannun mutum huɗu da laifin raina kotu, uku manyan jami'an gwamnati, ɗaya lauya. A watan Nuwamba aka wayi gari da labarin cewa wata babbar kotu a Abuja ta ce a kai shugaban EFCC na lokacin, Abdulrasheed Bawa, gidan yarin Kuje, saboda tun 2018 aka umarci hukumarsa ta mayar wa wani tsohon hafsan sojin sama motarsa da kuɗinsa naira miliyan 40, ba ta cika ba. Kafin watan ya ƙare Babbar Kotun Tarayya ta yanke wa Sufeto Janar na 'yan sanda, Usman Alkali Baba, ɗaurin wata uku, a kan wani ɗan sanda da aka yi wa ritayar dole tun 1992, kotu ta ce a mayar da shi bakin aiki tun 2011, aka yi kunnen uwar shegu da hukuncin. Ana cikin haka sai ga wata babbar kotu a Minna ta ba da umarnin a kamo Babban Hafsan Sojin Ƙasa, Laftanar Janar Faruk Yahaya, a tsare. Jaridu suka yi ta buga kanun labarai da manyan baƙaƙe. A cikin su ukun babu wanda ya kwana ko dare ɗaya a bayan kanta. Na Bawa cikin 'yan kwanaki aka jingine shi, na Sufeto ma bai kai ƙarshen Disamba ba.

Na huɗun shi ne lauya Inibehe Effiong. Ranar 27 ga Yuli na shekarar yana gaban Babbar Jojin jihar Akwa Ibom, Ekaette Obot, yana kare wani mutum da gwamnan jihar ya kai ƙara bisa zargin ɓata suna. Dama ya riga ya nemi ta janye daga shari'ar. Ranar ya yi ƙorafi a kan 'yan sanda masu bindiga da ke cikin zauren kotun, magana ta yi zafi, mai shari'a ta ce ya yi mata rashin ladabi, nan take ta aika da shi gidan yari na wata guda. Bai samu wanda ya jingine masa komai ba. Ya yi watansa cur ya fito.

Ban halarci zaman ba, kuma ba zan rantse cewa Barista Inibehe bai ɗaga murya fiye da kima ba. Abin da nake kallo shi ne ma'aunin. Wanda ya ɓata wa alƙali rai na minti goma an hukunta shi a cikin minti goman. Waɗanda hukumominsu suka danne hukunci na shekara huɗu da na shekara goma sha ɗaya sun ci gaba da shiga ofis da jiniya. Duk lokacin da na ji wani babba a ɓangaren shari'a yana gargaɗin cewa lauyoyi masu sukar alƙalai a talabijin su ne ke zubar da martabar kotu, wannan ma'aunin nake tunawa. Kotu ba ta da soja, ba ta da ɗan sanda nata, ba ta riƙe baitulmali. Duk ƙarfinta a abu guda yake: idan ta ce a yi, a yi. Wanda ya nuna wa duniya cewa ana iya ƙin yi a zauna lafiya, shi ya sare ta daga tushe, ba wanda ya ce hukuncinta bai yi ba.

Mu a Kaduna ba ma bukatar a ba mu misali daga nesa. Bayan abin da ya faru a Zariya a watan Disambar 2015 tsakanin sojoji da mabiya Sheikh Ibrahim Zakzaky, wanda kwamitin binciken da gwamnatin jihar nan ta kafa da kanta ya ce an kashe mutum 348, an tsare malamin da matarsa Zeenat. Ranar 2 ga Disambar 2016 Mai Shari'a Gabriel Kolawole na Babbar Kotun Tarayya a Abuja ya ce a sake su cikin kwana 45, a biya su diyyar naira miliyan 50, a sama musu wurin zama. Kwana 45 suka zo suka wuce. Gwamnati ta ce ai don tsaron lafiyarsu take riƙe da su. Sai a 2018 aka gurfanar da su gaban babbar kotun jiha a nan Kaduna, wato fiye da shekara guda ana tsare da mutane ba tuhuma, ga kuma hukuncin kotu a ƙasa ana tattakawa. Ranar 28 ga Yulin 2021 Mai Shari'a Gideon Kurada ya sallame su ya wanke su.

Na san da yawan masu karanta wannan ba sa ga maciji da Zakzaky da tafiyarsa, kuma na san cewa a lokacin mutane da yawa a garin nan cewa suke yi gara a ci gaba da riƙe shi. Nan ne ma matsalar take. Mun saba mu auna umarnin kotu da fuskar wanda ya amfana da shi. In namu ne, sai mu tuno da tsarin mulki. In abokin gaba ne, sai mu tuno da tsaron ƙasa. Haka aka yi da Sambo Dasuki, tsohon mai ba shugaban ƙasa shawara kan tsaro: kotu bayan kotu ta ba shi beli, kotun ECOWAS ma a watan Oktobar 2016 ta ce tsare shi haramun ne, amma sai ranar 24 ga Disambar 2019 aka sake shi, rana guda da ɗan gwagwarmayar nan Omoyele Sowore, wanda makonni kaɗan kafin nan jami'an DSS suka yi kokawar sake kama shi a cikin zauren kotu, mai shari'a ta tashi ta bar kujerarta. Da aka sake su kuma ministan shari'a na lokacin, Abubakar Malami, ya ambaci tausayi a cikin dalilan sakin. Abin da kotu ta ce haƙƙi ne, gwamnati ta miƙa shi a matsayin alfarma.

Kuma ba a ɓoye aka yi ba. A watan Agustan 2018 shugaba Muhammadu Buhari ya tsaya gaban babban taron ƙungiyar lauyoyi ta ƙasa a Abuja ya faɗa musu cewa bin doka dole ya biyo bayan tsaron ƙasa da maslaharta. Ba a kasuwa ya faɗa ba, a gaban lauyoyi ya faɗa. Tambayar da ta rage ita ce wa zai yanke cewa ga inda tsaron ƙasa ya fara. Idan wanda kotu ta umarta shi ne kuma zai yanke ko umarnin ya dace da maslahar ƙasa, to alƙali ya koma mai ba da shawara. Sashe na 287 na kundin tsarin mulkin 1999 bai bar wannan ƙofa ba. Ya ce hukuncin kotu wajibi ne kowace hukuma da kowane mutum su zartar da shi a ko'ina cikin tarayya, bai ce sai in shugaban ƙasa ya gamsu ba.

Talakan Kaduna ya ga sakamakon wannan da idonsa a farkon 2023, lokacin canjin kuɗi. Jihar nan ce ma, tare da Kogi da Zamfara, ta kai gwamnatin tarayya Kotun Ƙoli. Ranar 8 ga Fabrairu kotun ta dakatar da wa'adin daina karɓar tsofaffin takardun naira. Ranar 16 ga wata shugaban ƙasa ya fito ya ce tsohuwar ɗari biyu kawai ya amince a ci gaba da karɓa, ɗari biyar da dubu ɗaya kam sun tafi. A ranar gwamna Nasir El-Rufai ya yi wa mutanen jiha jawabi ya ce su ci gaba da mu'amala da tsofaffin kuɗinsu, tunda Kotun Ƙoli ta yi magana. Sai aka bar mai kayan miya da mai Keke Napep su zaɓi wanda za su bi.

A wancan makon na tsaya gaban wata mai sayar da manja da daddawa a Kasuwar Barci. Wata mata ta miƙa mata tsohuwar dubu ɗaya, ta juya ta gaba da baya ta mayar mata. Matar ta ce, "Haba Hajiya, ba ki ji rediyo ba? Kotun Ƙoli ta ce a karɓa." Hajiya ba ta ko ɗago kai daga ƙullin da take yi ba, ta ce, "'Yar nan, in na karɓa, kotun zan kai wa ta ba ni sabo? Ki bari Buhari ya faɗa." Ba ta karanta sashe na 287 ba, amma ta fahimci tsarin ƙasar fiye da masu digiri. Ranar 3 ga Maris Kotun Ƙoli ta yanke hukuncin ƙarshe cewa tsofaffin kuɗin na nan har 31 ga Disamba, Mai Shari'a Emmanuel Agim da ya karanta hukuncin ya soki shugaban ƙasa a fili kan ƙin bin umarnin farko. Duk da haka kasuwa ba ta saki jiki ba sai da Babban Banki ya fitar da tasa sanarwar kwana goma bayan nan. Takardar kakakin banki ta fi hukuncin kotu mafi girma a ƙasa nauyi. Babu lauyan talabijin da ya jawo wannan.

A nan ya kamata a faɗi gaskiya ko da ba daɗi. Gwamnatin Kaduna da ta yi ta kiran a mutunta Kotun Ƙoli a 2023, ita ce a watan Janairun 2020 ta sa aka rushe otal ɗin Durbar, wanda aka gina don bikin FESTAC na 1977, alhali rigimar mallakarsa tana gaban kotu. Mai dokar barci ya ɓige da gyangyaɗi. Ba halin mutum ɗaya ko jam'iyya ɗaya ba ne. Duk wanda ke riƙe da katafila ko makullin ɗakin tsarewa yana ganin kotu na ɓata masa lokaci, sai ranar da ya sauka ko ya haɗu da wanda ya fi shi ƙarfi, sannan za ka ji shi yana haddace sassan tsarin mulki.

Me ya sa abin yake da sauƙi haka? Domin hanyar hukunta mai raina umarnin kotu an shimfiɗa ta ne kamar ba a san akwai masu iko ba. Idan ka ci shari'a aka ƙi bi, lauyanka zai nemi takardar da suke kira fom 48, gargaɗi ne cewa ƙin bin umarni na iya kai mutum kurkuku. In bai bi ba sai fom 49, ya zo ya faɗi dalilin da ba za a ɗaure shi ba. Ƙa'ida ita ce a damƙa wa mutumin takardar hannu da hannu, sai in kotu ta yarda da wata hanya. To ka hango masinjan kotu a kan ɗan babur ɗinsa, da fayil a hammata, a bakin ƙofar barikin soja ko hedikwatar 'yan sanda, yana cewa ya zo ya ga mai gida. Idan an yi sa'a an wuce wannan, alƙali ya ce a kama, wa zai kama? 'Yan sanda. Wato Sufeto Janar zai tura yaransa su kamo Sufeto Janar. Gwamna da shugaban ƙasa da mataimakansu kuwa sashe na 308 ya lulluɓe su da rigar kariya muddin suna kan kujera. Idan kuɗi kotu ta ce a biya ka, ka ce bari ka bi asusun gwamnati, akwai sashe na 84 na dokar zartar da hukunce-hukunce da ke cewa kuɗin da ke hannun jami'in gwamnati ba a taɓa shi sai da izinin Antoni Janar. Shi ne fa lauyan ɓangaren da ka kayar. Daga nan kuma sai ɗaukaka ƙara, da takardar neman dakatar da zartarwa, wadda ma'aikatu da yawa ke ɗauka tamkar an riga an dakatar, alhali shigar da ƙara kaɗai ba ya tsayar da hukunci.

Akwai wani dattijo a unguwarmu da wata hukumar gwamnati ta kora daga aiki, ya je kotu, ya yi shekaru yana zarya, ya ci. Takardar hukuncin ya kai an liƙe masa ita da leda don kar ruwa ya taɓa, tana cikin aljihun gaban babbar rigarsa kullum. Na taɓa raka shi ofishin. Wani matashin jami'i ya karɓe mu da fara'a, ya ba shi kujera, ya karanta takardar har ƙarshe, ya ce, "Baba, wallahi gaskiyarka ce, mun kuma gani. Muna jiran umarni ne daga sama." Dattijon ya nuna hatimin kotun da yatsa ya ce, "Yaro, wannan daga ƙasa ya fito?" Jami'in ya yi dariya, mu ma muka yi, muka fito ba komai. Babu wanda ya zagi alƙali a ɗakin nan. Cikin ladabi da "Baba" da "sannu da zuwa" aka raina kotu.

Yanzu ga lauyoyi masu suka. Abin da ake faɗa a kansu shi ne suna sa jama'a su yanke ƙauna daga shari'a. Sai mu tambaya, su suka ƙirƙiro abin da suke suka? A watan Nuwambar 2023 Kotun Ɗaukaka Ƙara ta sanar a baki cewa ta tsige Abba Kabir Yusuf daga gwamnan Kano, sai ga takardar hukuncin mai hatimi ta fito da wani sashe da ke cewa shi ya yi nasara. Aka ce kuskuren rubutu ne. A Filato kotun ta tsige 'yan majalisar jiha 16 na PDP a kan wani dalili da Kotun Ƙoli ta zo ta ce ba dalili ba ne ranar 12 ga Janairun 2024, a shari'ar gwamna, amma su kujerunsu sun riga sun tafi, domin shari'ar 'yan majalisa a Kotun Ɗaukaka Ƙara take ƙarewa. A rikicin masarautar Kano na watan Mayun 2024 kotun tarayya da kotun jiha, a gari ɗaya, suka riƙa fitar da umarni masu karo da juna, har Alƙalin Alƙalan ƙasa ya kira shugabannin kotunan biyu. A irin wannan yanayi ko mai son bin doka bai san wacce zai bi ba, mai son takewa kuma ya samu hujja a ɓagas: kowa ya zaɓi takardar da ta yi masa.

Kuma sukar da ta fi zafi ba daga bakin 'yan gwagwarmaya ta fito ba. A watan Yunin 2023 Sanata Adamu Bulkachuwa ya miƙe a zauren majalisar dattawa, a zaman bankwana, ya faɗa da bakinsa cewa ya riƙa shiga hurumin matarsa, wadda ta shugabanci Kotun Ɗaukaka Ƙara, don taimaka wa abokan siyasarsa, har shugaban majalisar ya yi ta ƙoƙarin katse shi. Ita ta musanta. A watan Oktoban shekarar, Mai Shari'a Musa Dattijo Muhammad, na biyu a girma a Kotun Ƙoli, ya yi amfani da jawabin ritayarsa ya soki yadda aka tara iko a hannun Alƙalin Alƙalai, ya kuma yi magana kan yadda jama'a suka daina ganin girman kotu. Shekara guda kafin nan alƙalan Kotun Ƙoli 14 sun rubuta wa shugabansu Tanko Muhammad takardar koke, kwanaki kaɗan ya ajiye aiki. Idan na cikin ɗaki na faɗin haka, da wane ido za a kalli ƙaramin lauya a ce masa ya rufe baki? Gyara kayanka ai ba ya zama sauke mu raba.

Amma ba zan wanke lauyoyi tas ba, domin hannunsu dumu-dumu yake a cikin abin da suke kuka da shi. Alƙali ba ya tashi ya kai wa kansa ƙara. A watan Agustan 2021, a rikicin shugabancin PDP, an samo umarni daga kotu a Ribas, da wata a Kebbi, da wata a Kuros Riba, cikin 'yan kwanaki, kowanne na warware na baya. Majalisar kula da harkokin shari'a, NJC, ta hana alƙalan ukun ƙarin girma. Wa ya ɗauki fayil ya tsallake jihohi yana neman alƙalin da zai sa hannu? Lauya. Wa ke rubuta wa ma'aikata shawarar cewa za a iya jinkirta bin hukunci? Lauya. Antoni Janar na tarayya da na jihohi duk lauyoyi ne, da yawansu ma masu lambar SAN ta manyan lauyoyi. Ga kuma wata ɗabi'a da duk mai zuwa harabar kotun Bida Road ya sani: lauya ya makara wajen shigar da takarda, ko ya zo bai shirya ba, a kayar da shi, ya fito ya ja wanda yake karewa gefe ya ce, "Alhaji, an sayi alƙalin nan." Alhaji ya tafi gida ya faɗa wa mutum ashirin. Wannan ba suka ba ce, ƙazafi ne don rufe sakaci. Haka wanda shari'arsa na gudana ya cire hular gashin nan ya tsaya gaban kyamara a ƙofar kotu yana yanke hukunci da kansa. Ƙa'idojin aikinsu sun hana, kuma akwai kwamitin ladabtar da lauyoyi da aka kafa don irin wannan.

Iyakar ba ta da wuyar ganewa. Ka ce hukuncin nan ya saɓa wa sashe kaza, ya ci karo da abin da kotun ta faɗa shekara biyar baya, ga shafi ga layi, wannan aikin lauya ne, kuma da shi doka ke gyaruwa. Ka ce alƙali wane ya karɓi kuɗi, to ka zo da shaida ka kai NJC ko EFCC, in ba ka da ita ka kame bakinka. Ka hana zaman kotu gudana da ihu ko barazana, alƙali na da ikon tsawatarwa nan take, babu mai jayayya. Abin da ban yarda da shi ba shi ne a cakuɗa ukun nan wuri ɗaya a kira su raina kotu, a riƙa kaɗa wa kowa sanda ɗaya. Ko a Kotun Ƙoli an ga yadda ake hukunta lauya ba tare da kurkuku ba: a 2020 ta ci Afe Babalola da Wole Olanipekun tarar naira miliyan 30 kowannensu saboda neman ta sake duba hukuncin zaɓen Bayelsa. Kama Dele Farotimi a Legas a Disambar 2024 kuwa, aka kwashe shi zuwa Ekiti aka tsare kan abin da ya rubuta a littafi game da shari'a da wani babban lauya, ya nuna yadda 'yan sanda ke da sauri idan maganar baki ce. Saurin nan ba a ganinsa ranar da aka ce su saki wanda kotu ta ba beli.

Turawan Ingila da muka gaji wannan doka daga wurinsu sun soke laifin ɓata sunan kotu da baki ko rubutu tun 2013, suka bar na ƙin bin umarni da na kawo cikas ga shari'a. A Indiya, da Kotun Ƙoli ta kama lauya Prashant Bhushan da laifi a 2020 kan abin da ya rubuta a Twitter, tarar rupi ɗaya ta ci shi. Mu ma ba baƙi ba ne a wannan fage. Almajirin da ya zauna gaban malami a zaure ya ji labarin Sayyidina Ali, yana Halifa, ya ga sulkensa a hannun wani Bayahude, bai aika dakaru ba, ya je gaban alƙali Shuraihu. Alƙalin ya ƙi karɓar shaidar da Hasan, ɗan Ali, ya ba mahaifinsa, ya yanke wa Bayahuden. Halifa ya karɓa. Muna son ba da labarin nan a wa'azi, mu yi kabbara. Ban cika jin an karanta wa gwamna shi a ranar rantsuwa ba.

Abin mamaki, a zamanin soja ma Kotun Ƙoli ta taɓa nuna hanya. A 1985 gwamnatin soja ta Legas ta tura jami'ai ɗauke da makamai suka fitar da Odumegwu Ojukwu daga wani gida a Ikoyi alhali magana na kotu, ta ƙi bin umarnin mayar da shi, sannan ta zo Kotun Ƙoli neman biyan bukata. A 1986 kotun ta ƙi ba ta abin da ta nema, ta ce ba za ka taka umarnin kotu sannan ka zo kana roƙon kotu ba. Mai Shari'a Kayode Eso ya kira abin da sunansa, rashin bin doka daga masu zartar da doka. Wannan makamin yana nan, ba ya bukatar ɗan sanda ko gyaran tsarin mulki. Hukumar da ke da hukuncin da ta ƙi bi, kada a saurari roƙonta a shari'ar har sai ta bi. Alƙalanmu na yau sun fi son su ɗage zama su ce a je a sasanta.

Sauran gyaran na majalisa ne, kuma ba shi da yawa. A cire sharaɗin izinin Antoni Janar. A mayar da tarar ƙin bin umarni kan aljihun jami'in da ya ƙi, daga albashinsa da fanshonsa, domin muddin daga baitulmali za a biya, kuɗin dattijon unguwarmu ne za a ɗiba a biya tarar wanda ya zalunce shi. Wanda kotu ta tabbatar ya raina umarninta kada majalisa ta tantance shi a wani muƙami. Lauyan gwamnati da ya ba da shawarar a take hukunci ya fuskanci kwamitin ladabtarwa kamar yadda ake yi wa mai zagin alƙali barazana da shi. Sannan idan maganar da ta ɓata wa alƙali rai a wajen kotu aka yi ta, a jarida ko a Facebook, wani alƙalin daban ya saurara, kamar yadda manyan kotunanmu suka sha faɗa. Mutum ba ya zama mai ƙara, shi ne shaida, shi ne mai yanke hukunci.

Akwai kuma abin da rassan ƙungiyar lauyoyi na Kaduna da Zariya da Kafanchan za su iya farawa ba tare da jiran Abuja ba. Su buɗe rajista ta duk hukuncin da aka yanke a jihar nan a kan wata ma'aikata ko hukuma ko ƙaramar hukuma ko rundunar tsaro wanda ba a bi ba: lambar shari'a, ranar hukunci, abin da aka ce a yi, da ofishin da fayil ɗin ya maƙale. A riƙa karanta ta a bikin buɗe sabuwar shekarar shari'a, lokacin da gwamna ko wakilinsa da kwamishinan shari'a da kwamishinan 'yan sanda ke zaune a sahun gaba, a kuma ba gidajen rediyo kwafi da Hausa. A saman jerin ma ana iya sa hukuncin Kotun Ƙoli na ranar 11 ga Yulin 2024, wanda ya ce a riƙa tura wa ƙananan hukumomi kuɗinsu kai tsaye, a tambayi shugabannin ƙananan hukumomi 23 na jihar nan ɗaya bayan ɗaya ta wace hanya kason watan jiya ya iso hannunsu.